Shekarar da Aka Rushe Zauren Baba

Na san abin da kuka taso kuna ji a unguwa, domin ni ma kunnuwana ba a toshe suke ba. Ana cewa uwarku ce ta sa aka rushe zauren kakanku saboda taurin kai, kuma wai katangar da ta raba gidanmu da na Kawunku Lawal fushi ne ya gina ta. Taurin kai kam ba zan musa ba, da shi aka haife ni, da shi kuma na rene ku. Amma maganar fushi ƙarya ce tsagwaronta, kuma ba na so in bar duniya ku ci gaba da yi wa 'ya'yansa gaisuwar sama-sama a kan abin da bai faru ba. Shi ya riga mu gidan gaskiya, ko da yana raye ma ba mutum ne mai kare kansa da baki ba. Don haka ni zan faɗa, tunda ni ce mai bakin a gidanmu.

A shekarar da mahaifinku ya rasu muna Zango, ni da shi duk muna koyarwa, muna zaune a gidan ma'aikata. Ina fita takaba aka aiko mini cewa an ba wani malami gidan, yana hanya da iyalinsa. Ba su yi laifi ba, gidan na aiki ne, mai aikin kuma ya tafi. Amma ranar da na tsaya ina kallon ana ɗaure gadajenmu da tukwane a bayan mota, ku kuma kuna tsaye a rana kuna tambayata ina za mu, na yi wa kaina alkawari cewa in Allah ya yarda ba wanda zai sake cewa ku tashi daga inda kuke kwana. Na nemi a mayar da ni aiki Daura, aka mayar da ni, muka sauka a gidan Baba.

Gidan Baba kun san shi, a cikin gari, ba nisa da rijiyar Kusugu, amma kuna ƙanana a lokacin, ba za ku tuna yadda yake a da ba. Gida ne mai tsawo marar faɗi. Fuskarsa da ke kan titi zaure ne kawai, maƙwabta sun matse shi dama da hagu, ko akuya ba ta da wurin raɓawa ta gefe. Zauren na ƙasa ne, mai kaurin bango, rufinsa ɗaurin guga, wato rufin ƙasa mai tulluwa da ke zaune a kan bangon huɗu, irin wanda ko ana tsananin zafi in ka shiga sai ka ji sanyi ya sauko maka a ka. A nan Baba ya yi dukancinsa har ƙarfinsa ya ƙare, a nan Yaya Lawal ya gaje shi, yana zaune a kan buzu ɗaya da na Baba yana ɗinka takalma da kube da jakunkuna, tsofaffin unguwa na zagaye da shi ana hira. Mu biyu ne muka rage wa iyayenmu. Da aka yi rabon gado Yaya ya sami gaba, wato zaure da tsakar gida da ɗakuna, ni kuma na sami ƙarshen gida, kangon da Inna take ɗaure awaki. A wajen rabon ba wanda ya yi maganar ƙofa, har malamin da ya raba. Wa zai yi tunanin 'ya mace na bukatar wata ƙofa bayan zauren ubanta?

Yaya ya ba mu ɗakuna, matarsa Kulu kuma ta riƙe ku kamar ita ta haife ku, wannan ku shaida ne. Sai dai gidan ya cika, 'ya'yansa na girma, ku ma kuna girma. Na yanke shawarar in gina namu a kangon da ɗan abin da mahaifinku ya bari. A lokacin ma'aikatan tsara gari suna yawo suna shafa jan fenti a bangon duk ginin da aka ɗora ba izini, na ga wani a hanyar makarantarmu, mai shi yana tsaye ya riƙe ƙugu. Da na gaya wa Yaya zan je neman takarda, ko ɗaga kai bai yi daga fatar da yake yanka ba.

"Ki kira magini ya fara kawai. Wa zai leƙo ƙarshen gida ya ga abin da kike yi?"

"Yaya, ni takarda nake so."

"Takardar me? Baba da takarda ya gina wannan?"

"Baba ba a taɓa fito masa da kayansa rana ba."

Sai ya koma kan fatarsa. Haka yake, in magana ta shige shi sai ya ci gaba da aikinsa.

Na sa aka yi mini zanen gini, ɗakuna da madafi da bayi, na haɗa da takardar rabon gado na kai ofis. Bayan an yi ta ce mini in dawo, sai aka tura ni wurin wani matashi, Malam Kabiru, wanda a girme bai wuce ɗaliban da na fara koyarwa ba. Yaro ne mai ladabi, ya miƙe ya ba ni kujera, sannan ya shimfiɗa zanen a kan tebur ya ɗora yatsa.

"Malama, ta ina ake shiga filin nan?"

"Ta ƙofa mana."

"Wace ƙofa? Nan gidan mutane, nan ma gidan mutane, baya katangar wani, gaba kuma gidan Malam Lawal."

"To ai shi ne. Yayana ne, uwa ɗaya uba ɗaya. Ta zaurenmu ake shiga."

"Zaurensa dai, Malama."

Kalmar nan ta ƙona ni ƙwarai. Ya ci gaba da bayani a hankali, wai doka ba ta yarda a ba da izinin gina gidan zama a filin da ba shi da hanyarsa ta kansa zuwa titi ba, saboda gobara, saboda fitar da marar lafiya, saboda rigimar da ke biyo baya. Ya ce zaure ba hanya ba ne. Na ce masa tun kafin a haife shi nake bi ta zauren nan, kuma ban taɓa ɓata ba. Ya yi murmushi ya ce mafita ɗaya ce, Yaya ya yanka mini lungu daga gefen zaure har zuwa filina. Na dube shi kawai. Bai taɓa ganin zauren ba, shi ya sa abin ya zo masa da sauƙi a baki. Na tattara takarduna na fito, da hatimin ƙin amincewa a kan ta sama.

A gida na ce sun hana, ban faɗi maganar lungu ba, domin a ganina ba magana ce da za a kai gaban Yaya ba. Wata abokiyar aikina ce ta gaya mini akwai kwamitin da ke sauraron koken waɗanda aka hana izini. Ni da kaina na rubuta koken, ban nemi kowa ya rubuta mini ba. Hujjata a fili take. Duk cikin garin nan gidaje nawa ne da iyalai da yawa suke zaune, kowa da sashensa, zaure ɗaya ake shiga ake fita? Haka kakanninmu suka zauna, haka muka taso. Hujja ta biyu, wanda ya hana ni bai tako ya ga wurin ba, a kan tebur ya yanke hukunci. Mai unguwa ya karanta ya ce gaskiya ce, shi ma nasa gidan haka yake, ya sa hannu. Daga nan zirga-zirga ta fara. In an tashi daga makaranta sai in wuce ofis da alli a hannuna ban ma wanke ba, in zauna a benci har a ce mai sa hannun ya tafi salla, daga salla kuma ya wuce gida. Damina ta sauka ta same ni a haka, bulon da na saya na jibge a kango ya fara yin gansakuka, awakin Kulu suka mai da shi wurin wasa. Ita kuwa Kulu da ta ji motsina a tsakar gida sai ta ɗaga murya.

"Ku matsa, ku matsa, lauya ta dawo! Yau an ci shari'ar ko sai gobe?"

"Ke dai ki ajiye mini tuwona. Ranar da na ci za ki yi guɗa har maƙogwaronki ya dushe."

A ƙarshe aka kira ni gaban kwamitin. Shugabansu dattijo ne mai farin gemu, aka ce ya daɗe yana aikin awon filaye kafin ya yi ritaya. Malam Kabiru ya faɗi nasa, aka ce in faɗi nawa. Na yi shekaru ina tsayawa gaban aji, don haka tsayawa gaban mutane ba baƙon abu ba ne a wurina. Na ce musu in har zaure ba hanya ba ne, to rabin mutanen cikin gari ta sama suke shiga ɗakunansu, sai a gaya mana yaushe muka yi fiffike. Suka yi dariya, har Malam Kabiru. Dattijon ya ce maganata abar dubawa ce, kuma na yi gaskiya da na ce ba a yanke hukunci a kan wurin da ba a gani ba, za su zo da kansu. Na koma gida ranar ƙafata ba ta taɓa ƙasa, na ce wa Kulu ta fara gyara murya.

Ranar da za su zo na share zaure da kaina, na kawar da turmi da bokitai daga hanya, na kore awaki. Da hantsi suka iso, dattijon da wasu mutum biyu da Malam Kabiru riƙe da abin awo, mai unguwa na biye da su. Yaya ya miƙe ya tarbe su, aka gaisa. Dattijon ya ɗaga kai ya daɗe yana kallon rufin, ya ce rabonsa da ganin irin wannan aiki an jima. Sannan ya ce to mu shiga mu ga filin. Sai Yaya ya ɗan tare gaba, kamar yadda kowane maigida zai yi.

"Ranka ya daɗe, ku ɗan dakata a sanar da mata su kintsa."

Ya leƙa ƙofar ciki ya ɗaga murya.

"Kulu! Za a shigo da baƙi maza!"

Nan da nan muka ji gidan ya ruɗe. Ashe wata maƙwabciya ta shigo kitso, kanta a tsefe, ana neman mayafinta an rasa. Babbar 'yar Yaya kuma tana wanka, bayin kuwa a kan hanyar kangon yake. Yaya ya shimfiɗa tabarma, aka kawo ruwa, aka zauna ana hirar damina da tsadar fata. Wallahi ni ban ga komai a cikin wannan ba. In ma akwai abin da na ji, to alfahari ne, a raina ina cewa bari su ga gidan da aka san mutunci. Da aka ce an kintsa, Yaya ya ce bismilla, ya shige gaba yana gyaran murya, suka bi shi kawunansu a sunkuye har kangon. Suka auna, suka duba katangun maƙwabta, suka dawo zaure. A nan dattijon ya zauna ya fuskance ni.

"Malama, da muka taso daga ofis mun bi titi, mun bi lunguna har ƙofar nan. Wa muka nemi izininsa?"

"Ba kowa, ranka ya daɗe."

"Daga nan zuwa filinki fa?"

Na juya na dubi ƙofar cikin da Yaya ya tsayar da su a bakinta ɗazu.

"Malam Lawal bai yi laifi ba," in ji shi. "Da ya bar mu mun kutsa kai, da na raina gidan. Ni ma haka zan yi a nawa. Amma duk inda sai maigida ya ce bismilla kafin a wuce, gida ne, ba hanya ba. Tsofaffin gidajen da kika kafa hujja da su haka muka tarar da su, kuma rigimarsu ce ta cika mana tebur. Ba za mu sa hannu a ƙara wani ba."

"Ranka ya daɗe, Yayana ba zai taɓa hana ni wucewa ba, ko ni ko 'ya'yana."

"Na yarda. Amma in don zamanin Malam Lawal ne, me ya kai ki neman takarda? Ai don bayansa kike nema, da bayanki."

Abin da ya fi ba ni haushi shi ne dalilina ne ya ɗauko ya buge ni da shi. Malam Kabiru kuma, cikin son ya taimaka, sai ya ce ai tun farko ya gaya wa Malama, in aka yanki lungu ta gefen zauren nan shi ke nan, a ranar zai sa hannu. Yaya ya dube shi, ya dube ni, sannan ya ɗaga kai ya dubi rufi. Duk wanda ke wurin ban da yaron ya san ɗaurin guga ba a yanka shi. Bangon nan huɗu su ke riƙe da juna, in ka cire ɗaya sauran sun tafi. Dattijon ya miƙe ya yi mana sallama, ya ce Allah ya kawo mafita.

Na ce zan kai maganar Katsina, in ta kama har kotu. Na faɗa a tsakar gida da ƙarfi don kowa ya ji, amma a zuciyata na san abin da zan faɗa a can an riga an amsa shi a zauren ubana. Yaya ya yi kwanaki bai tanka ba. Wata rana da la'asar na dawo daga makaranta na same shi shi kaɗai, sai ya ce in zauna.

"Rakiya, kin san da maganar lungun nan tun farko?"

"Na sani."

"Shi ya sa kika yi ta wahalar da ƙafarki duk daminar nan?"

"Yaya, ba zan buɗi baki in ce ka rushe zauren Baba ba."

"Ai ba ki ce ba." Ya murza zare a cinyarsa. "Ni na tsayar da su, kin gani. Baƙinki ne, wurinki suka zo, na tsayar da su, ban ma san na yi ba. To ni ke nan da muka sha nono ɗaya."

Na ce ya bar wannan magana, za mu zauna yadda muke, Allah zai kawo wata hanya. Ya ce to. Na ɗauka an gama.

Bayan ruwa ya ɗauke, wata rana na dawo daga aiki na hango taron mutane a ƙofar gida, ƙura na tashi. Magini ne a saman zaure da diga a hannu, ya riga ya huda tsakiyar rufin. Kayan aikin Yaya duk an kwashe. Shi kuma yana tsallaken titi, ya shimfiɗa buzunsa a gindin katangar maƙwabci yana kallo. Na yar da jakata na yi ta yi wa maginin ihu ya sauko, na juya na yi kan Yaya ina kuka ina faɗa, ban san ma abin da nake cewa ba. Wannan ihun ne mutanen unguwa suka ji, shi suka riƙe, daga nan labarin faɗa ya samo asali.

"Yaya, wa ya sa ka? Wa ya roƙe ka?"

"Gadona ne, Rakiya. A rabo ni ya faɗo wa. Ki shiga gida, mutane na kallonki."

Ban shiga ba. Na zauna a ƙasa kusa da buzunsa har rufin ya rufta, na ji ƙarar a cikin ƙirjina. Shi bai yi hawaye ba, amma carbin da ke hannunsa bai motsa ba har aka gama.

Abin da ya biyo baya kun gan shi da idonku, ba ku dai san farashinsa ba. Aka fitar da lungu, aka yi wa Yaya ɗan ƙaramin zaure na bulo da kwano a sauran wurin. Da bazara ba ya zaunuwa, fata ma bushewa take yi ta ƙandare. Tsofaffin da ke taruwa wurinsa suka ragu da ɗaya-ɗaya, wurin ba ya ɗaukarsu, suka koma wata inuwar. Shi ma a hankali ya rage aikin. Katangar kuwa dole ce ta sa, domin in babu ita duk namijin da zai zo wurinmu sai ya ga tsakar gidan Kulu, an koma gidan jiya ke nan. Yaya ne ya tsaya a kan gininta, har ya sa aka ƙara mata tsawo. Malam Kabiru ya zo ya auna lungun, ya cika alkawari ya sa hannu. Da ya miƙo mini takardar ya ce yana taya ni murna, na karɓa na gode masa, na sa ta a jaka ban ko buɗe ba. Kulu ba ta yi guɗar ba, ni ma ban tuna mata ba. Don haka in kun bi lungun nan kuna sauri, ku sani a cikin zauren kakanku kuke tafiya, kuma Kawunku ne ya ba ku shi ba wanda ya tambaye shi.

Ranar da muka tare, ana ta shigar da kaya, ina cikin ɗaki ina shimfiɗa leda sai na ji sallamarsa daga waje. Na amsa na ci gaba da abin da nake yi, ina jiran in ga inuwarsa a tsakar gida. Shiru. Ya sake yin sallama. Na fito na tarar da shi a bakin ƙofa, ya zagayo ta titi ya biyo lungu, ya sa babbar rigarsa ta Juma'a, ya goya hannu a baya yana tsaye.

"Yaya, shigo mana, me kake jira?"

"Mai gidan nake jira ta yi mini izini."

"Haba Yaya, kai ma?"

"Ni ma. Ai shi muka yi wa wahalar."

Na so in yi dariya, sai kuka ya riga ta fitowa. Mutumin da ya goya ni a bayansa, wanda ban taɓa yi wa ɗakinsa sallama ba sai don wasa, shi ne a tsaye a waje yana jirana. Na ce bismilla, muryar ba ta fita sosai ba, sai da na maimaita. Sannan ya cire takalmansa ya shigo. Daga ranar har ya rasu bai taɓa tsallake dokin ƙofar nan ba sai na ce bismilla, ni kuma ban taɓa faɗa ba tare da na ji nauyinta ba.